Noman amo a Kwarin Rugugi: wa ke da ikon kaɗa ganga?

Zulai Mai Alƙalami:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Ku taya ni tunani kafin in shiga babi na huɗu. Labarin da nake rubutawa yana faruwa ne a wata ƙasa da na ƙirƙira, sunanta Kwarin Rugugi. Mutanen can ba su san takin kanti ba, ba su san feshi ba, da amo suke noma. Kowace gona tana da turken baƙin ƙarfe da ake kafawa ya nutse kamu huɗu a ƙasa, a haɗa shi da wata babbar ganga da aka binne rabinta, suna ce mata uwar gona. In an kaɗa ta, amon ba sama yake tashi ba, cikin ƙasa yake bi. Akwai kiɗan tada iri bayan ruwan shuka, da na kiran saiwa ta nutsa, da na korar tsutsa, da na cika zangarniya. Damuwata ita ce, a babi ukun da na rubuta kowa ya ƙoshi, rumbuna cike, babu abin da ke hana kowa barci. Ta ina rigima za ta fito?

Hajiya Uwani:
Wa alaikumus salam. Sannu da ƙoƙari 'yata. Ni dai na ji daɗi da wani ya fita daga falo da mota ya shiga gona. Masu ilimin abin, ku zo.

Injiniya Bash:
Anti Zulai, tambaya ɗaya tak. Geron nan me yake ci? Amo ba abinci ba ne, motsi ne kawai ke ratsa iska ko ƙasa ko ruwa. Duk damin da aka ɗauke daga gona, an ɗauke wani abu daga jikin ƙasar, kuma ganga ba za ta mayar da shi ba. In kiɗanki yana sa shuka ta yi sauri, to da sauri take zuƙe ƙasa. Kamar bulala ce a kan jaki mai yunwa: zai ƙara gudu yau, gobe ya durƙushe. Ga rigimarki nan. Shekara talatin ana cika rumbu, sai ƙasa ta fara mutuwa daga gindin turke, tana faɗaɗa.

Malam Sani na Samaru:
Bash ya yi gaskiya, kuma ina so in ƙara miki abin da za ki jingina da shi, don labarin ƙirƙira ya fi zama a zuciya in yana da ƙafa ɗaya a gaskiya.

A shekarar 2023 masana a Jami'ar Tel Aviv sun wallafa wani bincike a kan tumatir da taba. Sun sa na'urar ɗaukar sauti kusa da shukar, suka tarar cewa idan ƙishi ya kama ta ko aka yanke ta, tana fitar da wani ɗan ƙas-ƙas, wajen sau 30 zuwa 50 a awa. Wadda ta sha ruwa lafiya da ƙyar take yin ɗaya. Kunnenmu ba ya kama shi, domin mutum yana ji ne daga kaɗawa 20 zuwa wajen 20,000 a daƙiƙa, wannan kuwa yana tsakanin 40,000 da 80,000. Abin da ake kyautata zato shi ne kumfar iska ce ke fashewa a cikin jijiyoyin da ke ɗauko ruwa daga saiwa. Kafin wannan, a 2014, wasu masana biyu a Jami'ar Missouri ta Amurka sun ɗauki girgizar da tsutsa ke yi lokacin da take taunar ganye, suka kunna wa wata shukar da ba a taɓa ba. Da tsutsar gaske ta zo daga baya, shukar ta fi fitar da sinadarin kare kai fiye da wadda ba ta ji komai ba. Girgizar iska ba ta sa ta yin haka ba.

Amma kada wani ya ɗauki wannan ya je yana kunna wa dawarsa rediyo. Babu hujja tabbatacciya cewa kiɗa yana ƙara dami. Abin da ya tabbata ƙanƙani ne: shuka tana fitar da amo, kuma wasu suna amsa wa wata irin girgiza ta musamman.

Zulai Mai Alƙalami:
Malam, Allah ya ƙara basira. Maganar ƙishin nan ta kama ni. Kenan a kwarin zan iya sa masu sauraro, ba masu kaɗawa kaɗai ba?

Malam Sani na Samaru:
A ganina ma sauraron ya fi kiɗan ƙarfi. Ki yi musu ƙahon sauraro da ke kaurara siririn amon har kunne ya kama. Mai ƙaho ya bi kunya-kunya da asuba, ya ce wannan ɓangaren na kuka, a kai ruwa nan. A ƙasar da ruwa ke da tsada, mutumin da ya san wace kunya ce ke jin ƙishi tun kafin ganye ya yi yaushi ya fi sarki daraja. Sai dai siririn amo ba ya nisa a iska, 'yan taku kaɗan ya mutu. Dole mai ƙaho ya taka gonar da ƙafarsa.

Ustaz Nura:
Ina da ɗan tsokaci, 'yar uwa. Masu karatunki Hausawa ne, kuma da sun ji ganga a gona da kiran amfani, hankalin wasu zai tafi ga bori da yanka. Ki bayyana tun farko cewa wannan sababi ne irin na garma da taki, ba wata halitta ake roƙo ba. Mai bayarwa Allah ne. In kika bar shi a duhu, muhawarar da za a yi a kan littafin ba wadda kike so ba ce.

Zulai Mai Alƙalami:
Na gode Ustaz. Sana'a ce zalla, ana koyonta, ana aunawa, ana kuskurewa. Babu yanka, babu kiran kowa. Har ma ina so a ga shekarar da aka yi kiɗan daidai amma ruwa ya ɗauke, aka rasa komai.

Jikan Makaɗa:
Tun ɗazu nake karantawa, kuma akwai abin da ba wanda ya taɓo. Kakana gangar noma yake kaɗawa. Ranar gayya shi ke gaba, samari na bin kunya da garma, yana kiran kowa da takensa. Saurayin da ya ji takensa a gaban 'yan mata ba ya ɗago kai sai ya kai ƙarshen kunya. Gonar da za ta ci mako sai a gama ta kafin la'asar. Wato mu nan mun daɗe da noman amo, sai dai jikin manomi gangar ke shiga, ba saiwa ba.

To amma da an tashi daga gona, makaɗi ya koma maroƙi. Ana ba shi dami, ana ba shi goro, ba a ba shi 'ya. Gidaje da yawa har yau in ɗan makaɗi ya zo neman aure sai an yi ta kai da kawo. Anti, a kwarinki abincin gari gaba ɗaya yana hannun makaɗa. Shin sun zama sarakuna ne, ko kuwa har yanzu a bakin zaure suke zama? In sun zama sarakuna, yaya suka yi da waɗanda suka raina kakanninsu? In kuma ba su zama ba, wa ya danne su, da me? Ni wannan nake so in karanta, ba tsawon turke ba.

Hajiya Uwani:
Ɗana, ka faɗi abin da ke akwai.

Injiniya Bash:
Yaya, ina ganin amsar a fili take. Duk aikin da ake maimaitawa, wata rana wani zai ƙera abin da zai yi shi. A sa farfela a bakin rafi, ruwa na juya ta, tana ɗaga gula tana saki a kan lokaci, dare da rana ba gajiya. Daga ranar makaɗa sun zama tarihi. Maƙera ne za su riƙe ƙasar, tunda su ke yin turke su ke yin farfela.

Jikan Makaɗa:
A'a Bash, ba ka taɓa riƙe gula ba shi ya sa. Fatar ganga da safe daban, da rana daban. In hazo ya sauka ta bushe ta yi tsauri, in damina ta yi nisa ta saki, sai an gasa ta ko an ja tsirkiya. Makaɗi yana kaɗawa yana saurare yana gyarawa a lokaci guda. Farfelarka ba ta da kunne. Za ta ci gaba da buga kiɗan jiya a kan ƙasar yau.

Injiniya Bash:
Sai a haɗa ta da ƙahon Malam Sani, ta riƙa ji tana gyarawa.

Jikan Makaɗa:
Wa zai gaya mata abin da ta ji? Ƙaho amo yake kawowa, ba hukunci ba.

Ɗan Maraɗi:
Salamu alaikum, ku yi haƙuri na shigo a makare. Ni manomi ne, ba marubuci ba, amma ina da magana biyu.

Ta farko, wace irin ƙasa ce a kwarin? Mu nan yawancin gonakinmu jigawa ce, rairayi. Ka buga ƙafa a busasshen rairayi, wanda ke kusa da kai ma ba zai ji a tafin ƙafarsa ba. A fadama mai laka da danshi kuwa, mota ta wuce nesa kana jin ta a jikinka. Kenan mai fadama turke ɗaya ya ishe shi, mai jigawa sai ya kafa goma, ga kuɗin ƙarfe ga ladan makaɗi. Talaka ya samu mummunar ƙasa tun farko, sabuwar dabarar kuma ta zo ta ƙara fifita wanda ya riga ya fi shi.

Ta biyu ita ce babba. Gona tana da iyaka. Muna dasa gamba ko aguwa, muna sa dutse, kowa ya san inda nasa ya tsaya. Amo bai san iyaka ba. Ni na yi shuka da ruwan farko, gerona ya kai gwiwa. Maƙwabcina ya makara, sai yau yake kiɗan tada iri. Amonsa ya ratso ta ƙarƙashin gamba ya shigo gonata. Me zai tada a nan? Ba ni da irin gero da ke barci a ƙasa. Ciyawa ce ke barci, da wuta-wuta.

Malam Sani na Samaru:
Allahu akbar. Ɗan uwa, ka buɗe ƙofar da ta fi kowace. Zulai, ki saurari wannan da kyau.

Wuta-wuta, ko ƙuduji, ba ciyawa ba ce irin sauran. Ƙwayar irinta ƙanana ce ƙwarai, tsiro ɗaya yana zubar da dubbai masu yawa, kuma suna iya kwanciya a ƙasa fiye da shekara goma ba su mutu ba. Ba sa tsirowa don an yi ruwa kawai. Sai sun ji wani sinadari da saiwar dawa ko gero ko masara ke fitarwa, sannan su farka su maƙale wa saiwar su riƙa tsotsa. Kafin manomi ya ga jan furen nan a sama, ɓarnar ta riga ta yi nisa a ƙasa. Amma tana da rauni guda: in ta farka ba ta samu saiwar da za ta kama ba, cikin 'yan kwanaki ta mutu, don guzurin da ke cikin ƙwayar kaɗan ne. Shi ya sa muke ba manoma shawara su juya gonar da auduga ko waken suya, waɗanda ke tada ta amma ba ta iya cin su. A Amurka ma da wani nau'inta ya ɓulla a jihohin Carolina cikin shekarun 1950, daga baya sun riƙa tura wata iskar gas cikin ƙasa don ta tada irin a gonar da babu abinci, ya mutu da yunwa.

To ki mayar da wannan amo. Kiɗa ɗaya ne. In aka kaɗa shi a gonar da ba a shuka ba, magani ne, ya share wuta-wuta ta shekaru. In aka kaɗa shi kusa da gero mai tasowa, kisa ne. Ba a canja ko bugu ɗaya ba, rana kawai aka canja.

Zulai Mai Alƙalami:
Tsigar jikina ta tashi. Kenan mutum zai iya halaka gonar ɗan uwansa cikin dare, daga cikin tasa gonar, bai taka iyaka ba, bai taɓa kara ɗaya ba.

Ɗan Maraɗi:
Kuma sai bayan makonni abin zai fito. In an je gaban alƙali me za a nuna? In shanu suka shiga gona akwai sawu, akwai kashi, a kira dattawa su kimanta. Wannan babu sawu.

Ustaz Nura:
Nan akwai aikin malaman fiƙihu na kwarin. Ƙa'idar da muka sani ita ce ba a cutarwa kuma ba a rama cuta da cuta, kuma malamai sun daɗe suna magana a kan hayaƙi da wari da ƙarar da ke damun maƙwabci. Mutum yana da iko da mulkinsa, amma ba har ya cutar da na kusa da shi ba. To wanda ya makara da shuka saboda rashin lafiya ko rashin iri fa? In an hana shi kiɗa iyalinsa sun kwana da yunwa, in an bar shi maƙwabci ya rasa. Ki ba alƙalinki wannan shari'ar, kuma kada ki sa ɗayansu ya zama mugu.

Injiniya Bash:
Mafita ɗaya ce, gari duka ya yi shuka rana ɗaya, ya yi kiɗa rana ɗaya. Kenan dole a samu mai sa rana. Wanda ke sa ranar nan shi ne sarki na gaskiya, ko da wani ne ke naɗe da rawani. Ko kuma a haƙa rami mai zurfi a kan iyaka, don rami yana rage girgizar da ke bin saman ƙasa. Mai kuɗi zai haƙa, talaka ba zai iya ba.

Jikan Makaɗa:
Kun ga amsar tambayata ta fito da kanta. Wa zai bar makaɗi ya yi yawo da irin wannan makamin a hannu? Sarakuna za su tara su a unguwa ɗaya, a ƙirga gulolinsu da magariba a kulle. Ana girmama su ranar shuka, ana tsoronsu sauran shekara. Duk gonar da wuta-wuta ta ci, ko kiɗa ne ko ba kiɗa ba, unguwarsu za a nufa da sanduna. Wannan na yarda da shi, ya yi kama da halin mutane.

Maman Ihsan:
Ni fa ina gefe, amma ku maza kun manta da mu. Ina mata a kwarin nan? Abinci kawai za su riƙa kaiwa gona?

Hajiya Uwani:
Yauwa, na so in ga ko wani zai tuna. Ku gaya mini, a ƙauye wane amo ne ke shiga ƙasa kullum, safe da yamma, rani da damina? Turmi ne. Lokacin muna 'yan mata, mu uku a turmi ɗaya, lugude muke yi, taɓarya na bin taɓarya, a jefa sama a tafa a cafe. Mai zaune a tsakar gida yana jin dakan a ƙasan tabarmarsa. Makaɗi sau nawa yake fita gona a shekara? Mu kuwa ba fashi.

Zulai, ki duba 'yar gonar bayan ɗaki, inda mace ke sa kuɓewa da yakuwa da rama. In a kwarinki amo na taɓa saiwa, to matan sun riga kowa ganewa. Wata ce ta lura cewa kuɓewar da ke kusa da turmi ta fi ta nesa, ta gaya wa 'yarta. Maza suka ɗauka suka ƙera turke suka ba shi suna, suka ce nasu ne. Kuma ranar da aka kulle gulolin makaɗa, ba wanda zai iya kulle turmi, sai dai in gari zai daina cin tuwo.

Maman Ihsan:
Hajiya Allah ya ja kwana. Kuma mace tana auren wani gari ta tafi da luguden gidansu. Duk sirrin da sarki ke tsarewa a unguwar makaɗa, amare na fita da shi.

Malam Sani na Samaru:
Hajiya, akwai abin da zai ƙarfafa miki. Furen tumatir da gauta da yalo ba ya sakin garin barbara sosai sai an girgiza shi. Akwai wasu ƙudaje masu kauri, dangin zuma, da ke kama furen su kaɗa jijiyoyin fiffike har garin ya zubo. Ƙudan zuman da muka sani bai iya wannan ba. Masu noman tumatir a rufaffen ɗakin gilashi a Turai sun daɗe suna bin fure da 'yar sanda mai girgiza, kafin su koma sayen waɗannan ƙudajen. To gautar da ke manne da inda ake daka, in girgizar na kai wa furenta, ba abin mamaki ba ne a labari ta fi 'ya'ya. Mai karatu da ya san gona ba zai ce an raina masa hankali ba.

Injiniya Bash:
Ni har yanzu ban janye maganar ƙasa ba. Ko turmi ko ganga, in ba a mayar wa gona abin da aka ɗauka ba, za ta mutu.

Ɗan Maraɗi:
Ba wanda ya ce ka janye. Mu mun ga haka da idonmu bayan farin shekarun 1970 da na 1984, ƙasa ta zama fili, iska na kwashe ta. Abin da ya taimaka a yankinmu ba wata na'ura ba ce. Kututturen itatuwan da muke sassabewa duk shekara muka daina kashewa, muka riƙa barin reshe ɗaya ko biyu su tashi. Gawo kuwa kowa ya san shi, da damina yake zubar da ganye, ba ya yi wa gero inuwa, dabbobi su kwana a ƙarƙashinsa da rani su bar taki. Malama Zulai, in akwai gawo a kwarinki, ki yi tunanin abin da zai faru in makaɗa suka ce saiwarsa na karkatar da amo, sarki ya sa a sare su duka.

Zulai Mai Alƙalami:
Za a sare su a babi na biyar, kuma Bash zai samu mutuwar ƙasarsa daga nan. Babi na huɗu shari'a ce: wata bazawara ta makara da shuka, ba ta da ladan makaɗi, ta ɗauki turminta ta kai gona cikin dare ita da 'ya'yanta mata biyu. Bayan wata guda wuta-wuta ta cinye geron maƙwabcinta, wanda shi ma ba shi da komai sai wannan gonar. Doka ta hana gula, ba ta ce komai a kan taɓarya ba, domin masu dokar ba su yarda daka na yin wani abu ba. In alƙali ya hukunta ta, ya amsa cewa mata na da ilimin da fada ke cewa nata ne ita kaɗai. In ya sake ta, maƙwabcin ya tashi a banza, kuma mutanen gari za su ɗora wa unguwar makaɗa.

Yayana Jikan Makaɗa, ina so makaɗin da za a kira ya saurari ƙasar gonar ya ba da shaida ya zama dattijo irin kakanka. Shi kaɗai zai iya bambance sawun gula da na taɓarya. Yana sane cewa in ya faɗi gaskiya ya ceci unguwarsu ya ba da matar.

Jikan Makaɗa:
Ki turo mini in kin rubuta. Akwai yadda tsohon makaɗi ke durƙusawa a gaban manya da yadda yake fara magana da kirarin mai gida kafin ya faɗi abin da ya kawo shi, zan gyara miki wannan. Kuma kada ki sa ya amsa a zaman farko. Zai nemi a ba shi kwana uku, ya ce kunnensa ya tsufa.

Ustaz Nura:
Ki tuna shaidar mutum ɗaya mai amfana da hukuncin tana da rauni. Wanda ke kare matar zai kama nan.

Zulai Mai Alƙalami:
Na rubuta, Ustaz. Malam Sani, zan biyo ka ta akwati da tambaya a kan makonni nawa wuta-wuta ke ɗauka kafin ta leƙo sama, don lissafin kwanakin shari'ar ya daidaita.